Kama da Wane Ba ta Wane: Kotunan Khartum da Mutanen Yamma

  Yau Sudan muka nufa, birnin Khartum da ɗan'uwansa Omdurman, mu duba yadda kotu da kurkuku suka yi da mutanen da ake gane su daga fuska da harshe.

Duk wanda ya taɓa kora shanu ko ya bi motar kaya ya san tambayar farko da ake yi a shinge: kai ɗan ina ne? Wani lokaci tambayar ba ta wuce duba takarda. Wani lokacin kuma amsarta ce ke sa a sauke mutum daga mota a bar sauran su wuce. To, a Sudan wannan tambaya ta kai mutane har gindin igiya, kuma tarihin abin a rubuce yake da kwanan wata.

Gari uku, bakin kogi ɗaya

Babban birnin Sudan gari uku ne a inda Farin Nilu da Shuɗin Nilu suka haɗu: Khartum mai fadar gwamnati, da Bahri a arewa, da Omdurman a yamma da kogi. Duk mai zuwa daga Darfur ko Kordofan ko Chadi, Omdurman yake fara isa. Can ne Suk Libiya take, kasuwar da 'yan tireda da masu sarin kaya suka sani. Can yamma da gari kuma karar Muwailih take, inda ake sauke shanu da raƙuma da tumakin yamma. Wato naman da birnin ke ci daga yamma yake zuwa, masu yin bulo da masu dako da masu sayar da shayi da yawansu daga can suke, amma a gefen gari suke kwana.

Rabuwar ta daɗe. A 1821 sojojin Muhammadu Ali na Masar suka ci Sudan, suna neman zinariya da bayi. Daga nan aka shiga kamo mutane daga kudu da duwatsun Nuba ana sayarwa a arewa, har kalmar bawa ta zama zagin da ake yi wa baƙar fata ko da kakansa bai taɓa bauta ba. A Janairun 1885 Mahadi ya ci Khartum, ya rasu a shekarar, sai mulki ya koma hannun Halifa Abdullahi, mutumin Ta'aisha, Larabawa makiyayan shanu na kudancin Darfur. Halifa ya kwaso danginsa ya zaunar da su Omdurman, aka yi shekaru ana zaman doya da manja tsakaninsu da mutanen bakin kogi, har da zubar da jini. Tun daga lokacin aka samu suna biyu, 'ya'yan kogi da 'ya'yan yamma, kowane ɓangare yana riƙe da abin da aka yi masa.

Turawan Ingila suka karya daular Mahadi a Karari ranar 2 ga Satumba 1898. A 1903 suka gina kurkukun Kobar a Bahri, sunan da ya samo asali daga wani Bature mai suna Kufa. Ku riƙe sunan wannan gida, domin za mu yi ta komawa cikinsa.

A wannan shekara ta 1903 ne aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi. Ɗansa Mai Wurno ya ci gaba da hijira gabas da jama'arsa, suka kafa garin da ake kira Mai Wurno a bakin Shuɗin Nilu kusa da Sinnar. Alhazan ƙasa da suka yada zango a hanyar Makka suka ƙaru a kansu, da yawa suka zama masu cirar auduga a gonakin Jazira. Mutanen Sudan suka haɗa Bahaushe da Bafulatani da Babarbare suka kira su Fallata ko Takari. Da aka yi dokar zama ɗan ƙasa ta 1957, sai ta ce sai wanda shi ko kakanninsa na wajen uba suke zaune a ƙasar tun ƙarshen 1897. Kun ga mutanen Burmi sun makara da aƙalla shekara shida ke nan. An sassauta dokar daga baya, amma shakkar da ta dasa ba ta fita daga ofisoshi ba. Wanda kuma ake shakkar ɗan ƙasa ne, shi ake fara zargi in abu ya ɓace.

Hafsan da aka tambayi ƙabilarsa

Ali Abdul Latif hafsan soja ne, mahaifinsa Banube, mahaifiyarsa 'yar ƙabilar Dinka, dukansu daga zuriyar da bauta ta taɓa. A 1922 ya rubuta takarda yana neman a bar mutanen Sudan su mallaki ƙasarsu, Turawa suka ɗaure shi shekara ɗaya. A 1924 ya jagoranci ƙungiyar Farar Tuta, aka sake kama shi, aka ba shi shekara uku, daga baya aka ƙara masa bakwai. Abin lura shi ne yadda wasu manyan gari suka ɗauki lamarin. Jaridar Hadaratus Sudan, wadda ke magana da yawun manya, ta buga rubutun da ke tambayar wane ne shi, kuma daga wace ƙabila ya fito da zai yi magana da sunan ƙasa. Da wa'adinsa ya cika ba a sake shi ba, aka ce ya taɓu, daga baya aka kai shi asibitin masu taɓin hankali a Masar, inda ya rasu a 1948. Yau akwai titi da sunansa a Khartum.

Sudan ta samu 'yanci ranar 1 ga Janairu 1956, amma kujerun alƙalai da manyan 'yan sanda da hafsoshi sun fi zama a hannun 'ya'yan kogi, waɗanda su ne suka fi samun makarantar Turawa. Darfur kuwa sai a 1916 aka haɗe ta da Sudan, bayan an kashe Sarki Ali Dinar, kuma makarantun da aka gina mata ba su taka kara sun karya ba.

Zamanin Numairi

Ranar 2 ga Yuli 1976 wasu mayaƙa da aka horar a Libiya suka shiga Khartum don kifar da Ja'afar Numairi. 'Yan adawa irin su Sadiƙul Mahadi ne suka shirya abin, amma yawancin masu riƙe da bindiga talakawan Ansar ne daga Darfur da Kordofan. Gwamnati ta kira su sojan haya, kamar ba 'yan ƙasa ba. Bayan an murƙushe su aka bi gari ana kamen mutanen yamma, kotunan soja suka yanke hukunci, aka kashe kusan mutum 100. Shekara ɗaya bayan haka, a 1977, Numairi ya sasanta da Sadiƙu, ya dawo gida aka yafe masa. Manya sun sha hannu, na ƙasa suna kabari.

A Satumban 1983 Numairi ya kafa dokokin da ya kira na Shari'a, a Afrilun 1984 kuma ya kafa dokar ta-ɓaci da kotunan gaggawa. Wannan ya zo daidai da farin 1984, wanda ku ma dattawanmu ba ku manta da irin dabbobin da ya ci ba. Makiyayan Kordofan da Darfur da garkensu ya ƙare suka taru a gefen Omdurman, wajen Muwailih. Hukuma tana yin abin da ake kira kasha, wato samame a kwashe marasa takarda da marasa aikin ofis a loda su a mota a fitar da su daga birni. A Kobar kuma aka shiga yanke hannu, kuma waɗanda abin ya fi faɗa wa talakawa ne 'yan gudun yunwa da 'yan kudu, har da waɗanda ba Musulmi ba. Sadiƙul Mahadi, jagoran Ansar, ya fito ya ce zartar da haddi a kan mayunwata kafin a yi adalcin abinci bai dace da Shari'a ba. Aka ɗaure shi.

A wannan zamani ne aka yi shari'ar da kotun ƙolin Sudan da kanta ta soke. Mahmud Muhammad Taha, dattijo ɗan shekara 76, ya fitar da takarda a Disamban 1984 yana neman a janye dokokin Satumba. Malamai da yawa sun daɗe suna sukar karantarwarsa, kuma wannan muhawara ce ta malamai. Abin da ya shafe mu shi ne yadda aka yi shari'ar. An gurfanar da shi a Omdurman ranar 7 ga Janairu 1985 da tuhumar tayar da fitina ga gwamnati, washegari aka yanke masa kisa. Kotun ɗaukaka ƙara ta shigo da ridda, tuhumar da ba a karanta masa a kotun farko ba. Ranar 18 ga Janairu aka rataye shi a Kobar a gaban jama'a. Numairi ya faɗi a Afrilu, 'yar mamacin ta shigar da ƙara, a Nuwamban 1986 kotun ƙoli ta ce hukuncin ɓatacce ne tun daga tushe. Shi mutumin kogi ne, mai ilimi da almajirai, shi ya sa aka samu mai bin kadinsa. Takardar wankewa ta fito kusan shekara biyu bayan an binne shi.

Masu shayi da kotun nan-take

Umar al-Bashir ya ƙwace mulki a 1989. A 1996 jihar Khartum ta kafa dokar da'ar jama'a, da 'yan sandanta da kotunanta. A irin wannan kotu ana iya kama mace da safe, a yanke mata tara ko bulala kafin la'asar, ba lauya, shaidar ɗan sandan da ya kamo ta ita ce hujja. Waɗanda aka fi kwasa su ne masu sayar da shayi a bakin titi, matan Nuba da Darfur da kudu da yaƙi ya koro. A ƙwace murhu da kujeru da kofuna, jarin mace gaba ɗaya. Kurkukun mata na Omdurman ya cika da matan kudu da aka kama da laifin dafa giya, wasu da goyo. 'Yar gidan masu hali in an kama ta, waya ɗaya kan isa a sake ta.

A watan Mayun 2000 aka wayi gari ana raba wani littafi a ƙofar masallatan Khartum, ba sunan marubuci, ana kiransa Baƙin Littafi. Ya jera ministoci da manyan ma'aikata tun daga 1956, ya nuna cewa yankin arewa, mai kimanin kashi 5 cikin 100 na jama'a, shi ke riƙe da mafi yawan kujeru, musamman ƙabilu uku: Shaigiya da Ja'aliyin da Danagla. Wasu daga cikin marubutansa ne suka kafa ƙungiyar tawaye ta JEM. A 2003 yaƙin Darfur ya ɓarke, daga nan duk ɗan Darfur da ke birni ya zama abin sa wa ido.

Mutum tara a rana ɗaya

A Satumban 2006 wasu suka sace Muhammad Taha Muhammad Ahmad, editan jaridar Al-Wifaƙ, daga gidansa. Washegari aka tsinci gawarsa a kudancin Khartum an fille masa kai. Mutum ne mai abokan gaba da yawa: a 2005 an gurfanar da shi kan wani rubutu da ya fusata masu addini, ya kuma buga abin da ya ɓata wa mutanen Darfur rai. 'Yan sanda suka karkata ga Darfur. Aka kama mutum fiye da 70, har da mata. Aka kai 19 kotu, aka sallami tara, a Nuwamban 2007 aka yanke wa goma kisa, yawancinsu 'yan ƙabilar Fur.

Ginshiƙin shari'ar shi ne iƙirarin da suka yi a tsare. A gaban alƙali suka janye, suka ce da duka da azaba aka karɓa. Lauyoyinsu suka nemi likita ya duba jikinsu, ba a amince ba. Dokar shaida ta Sudan kuwa tana da sashen da ya bar alƙali ya karɓi hujja ko da ta hanyar da ba ta dace ba aka same ta, in ya gamsu da ita. Kotun ƙoli ta sassauta wa mutum ɗaya, wanda yaro ne lokacin da abin ya faru. Kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya mai duba tsare mutane ba bisa ƙa'ida ba ya ce shari'ar ba ta cika sharuɗɗan adalci ba, Amnesty International ma ta yi ta kira. Ranar 13 ga Afrilu 2009 aka rataye mutum tara a Kobar.

Ku duba hasarar nan ta fuska biyu. Iyalan waɗanda aka rataye sun rasa mutum tara a kan maganar da aka ce sanda ce ta fitar da ita. Iyalin ɗan jaridar kuma an ba su hukuncin da har gobe ake tababa a kansa. Duka yana sa mai laifi ya amsa, yana sa marar laifi ma ya amsa, don haka ba ya rarrabe su.

Asabar ɗin Omdurman

Ranar 10 ga Mayu 2008 mayaƙan JEM ƙarƙashin Khalil Ibrahim suka keto sahara da motoci, tafiyar fiye da kilomita 1,000, suka shiga Omdurman. An yi faɗa har kusa da gadar shiga Khartum, gwamnati ta ce mutum fiye da 200 sun mutu. Washegari Sudan ta yanke hulɗa da Chadi. Harin gaskiya ne, an kashe mutane, kuma kowace gwamnati za ta nemi waɗanda suka kai shi.

Yadda aka neme su shi ne abin dubawa. Human Rights Watch ta tattara bayanan yadda jami'an tsaro suka riƙa tsayar da motocin haya suna sauke mutane saboda kamanninsu ko karin harshensu, suna bin gida gida a unguwanni irin su Umbadda. Zagawa, ƙabilar Khalil, su aka fi nema. Ɗaruruwa aka kwashe, ɗalibai da leburori da 'yan kasuwa, aka ɓoye da yawa a inda danginsu ba su sani ba. An kama Hasan al-Turabi ma, babban ɗan siyasar da ake zargi da alaƙa da JEM, amma shi bai daɗe ba aka mayar da shi gida.

Aka kafa kotuna na musamman ƙarƙashin dokar ta'addanci ta 2001, da ƙa'idojinsu na daban. Wasu waɗanda ake tuhuma ba su ga lauya ba sai ranar da aka fara shari'a. Kwana bakwai kawai aka bayar na ɗaukaka ƙara. Da yawa sun ce an azabtar da su, aka ci gaba da shari'a, har wasu lauyoyi suka janye don nuna rashin yarda. A ƙarshen Yulin 2008 aka fara yanke kisa, zuwa farkon 2010 waɗanda aka yanke wa sun haura 100. A cikinsu akwai kwamandojin JEM na sosai, kamar Abdul'aziz Nur Ushar, ɗan'uwan Khalil. Akwai kuma waɗanda suka rantse daga gida ko wurin sana'a aka ɗauko su. Kotun da ba ta sauraron kukan azaba ba ta da ma'aunin da za ta raba waɗannan da waɗancan.

Ƙarshen lamarin ma ba a kotu aka yanke shi ba. A Fabrairun 2010, da gwamnati ta sa hannu kan yarjejeniya da JEM a Doha, sai Bashir ya saki mutum 57. A Maris na 2017 ya yi afuwa ga wasu 259 daga ƙungiyoyin tawaye. Wato fursuna ya zama kamar saniyar jingina, ana riƙe da shi har ciniki ya faɗa. Wanda bai ji ba bai gani ba ya fito da sunan an yafe masa, babu wanda ya ce masa ka yi haƙuri mun yi kuskure.

Ranar da dabarar ta ƙi ci

A Disamban 2018 farashin burodi ya ninka uku, zanga-zanga ta tashi daga Atbara ta bazu. Shugaban hukumar leƙen asiri, Salah Gosh, ya ɗora laifin a kan mutanen Abdul Wahid Nur, madugun 'yan tawayen Darfur. Aka kama ɗalibai 'yan Darfur a Sinnar da unguwar Durushab ta Bahri, aka nuna su a talabijin suna amsa cewa su masu ɓarna ne. Daga baya aka sake su ba tare da an tuhume su da komai ba, binciken BBC kuma ya nuna da azaba aka sa su magana. A wannan karo matasan Khartum, har da 'ya'yan kogi, suka ƙi karɓar labarin, suka riƙa amsawa a titi cewa ƙasar duka Darfur ce. Ranar 11 ga Afrilu 2019 Bashir ya faɗi, aka kai shi Kobar ɗin nan.

Gwamnatin riƙon ƙwarya ta naɗa ɗan asalin Darfur, Nasruddin Abdulbari, ministan shari'a. A Nuwamban 2019 aka soke dokar da'ar jama'a, a 2020 aka gyara dokokin laifuka, a 2021 Sudan ta shiga yarjejeniyar duniya ta hana azabtarwa. Sai soja suka yi juyin mulki a Oktoban 2021. A Yulin 2022 rikici ya tashi a jihar Shuɗin Nilu tsakanin Hausawa da maƙwabtansu kan ƙasa da sarauta, aka kashe fiye da mutum 100, tsohuwar maganar nan ta cewa su baƙi ne ta sake fitowa, Hausawa suka yi zanga-zanga har cikin Khartum.

Ranar 15 ga Afrilu 2023 yaƙi ya ɓarke tsakanin soja da dakarun RSF na Muhammad Hamdan Dagalo. Yanzu abin ya zama kowa da nasa. A inda RSF ke iko, baƙaƙen ƙabilun Darfur sun sha kisa da tsarewa, kamar yadda aka yi wa Masalit a Jinaina. A inda soja ke iko, ana maganar abin da mutane ke kira dokar baƙin fuskoki, ana kama 'yan yamma, har da Larabawa makiyaya irin su Rizaigat da Misairiya, da zargin haɗa baki da RSF. Kotuna suna yanke kisa da ɗaurin rai da rai ƙarƙashin sashe na 50 da na 51 na dokar laifuka ta 1991. Ƙabilar da jiya ake ganin tana kusa da gwamnati, yau ita ake saukewa daga mota.

Yadda abin yake tafiya

In kun lura, hanya ɗaya ake bi. Da farko wani mummunan abu ya faru da gaske, jama'a su fusata, hukuma ta matsu ta nuna ta kama wani. Sai a nufi unguwar da aka riga aka yi wa suna, a yi kamen kan mai uwa da wabi. Sai a ɓoye mutum kwanaki ba dangi ba lauya, har ya sa hannu a takardar da wataƙila ko karanta ta bai iya ba, da harshen da ba nasa ba. Daga nan kotun gaggawa ta karɓi takardar a matsayin hujja.

Ba Sudan kaɗai ke da wannan ciwo ba. A Amurka a 1989 aka kama yara biyar, baƙaƙe da ɗan asalin Latin, kan fyaɗe a birnin New York, suka amsa bayan dogon titsiye, sai a 2002 gwajin ƙwayar halitta da iƙirarin mai laifin na ainihi suka wanke su. A Ingila an ɗaure 'yan Ailan shida a 1975 kan bom ɗin Birmingham, aka sake su a 1991 da aka gano shaidar ta ruɓe. Waɗannan sun fito da ransu saboda ba a kashe su ba. Na Kobar tara ba su da wannan dama.

Malamanmu na fiƙihu sun daɗe da toshe wannan ƙofa. Mai ƙara shi ke kawo hujja, ana kawar da haddi in akwai shubuha, iƙirarin wanda aka tilasta kuma jumhurun malamai ba su ɗauke shi hujja ba. Ba a kama wani da laifin wani, ko da uwa ɗaya uba ɗaya suke.

Mu da ke nan

Iyayena, in gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta, shafa wa naka ruwa. Kun san yadda yau in an sace mutum a daji ake duban duk mai sanda da malfa. Kun ji abin da ya faru a Uromi ta jihar Edo a Maris na 2025, inda aka tare mafarauta 'yan arewa da ke hanyar zuwa Kano yin Sallah, aka kashe 16 da zargin satar mutane, ba alƙali ba shaida. A gidajen gyaran hali na Najeriya kuwa, wajen kashi biyu cikin uku na mazauna jiran shari'a suke yi. Mu ma a garuruwanmu in abu ya ɓace, baƙo ake fara kallo.

Don haka ga abin da ya kamata a riƙe. A Najeriya tsarin mulki ya ce a kai wanda aka kama kotu cikin kwana ɗaya, ko biyu in kotu na da nisa, kuma dokar 2017 ta haramta azabtarwa. A Nijar tsarewar 'yan sanda ko jandarma a laifi na yau da kullum awa 48 ce, sai da izinin mai gabatar da ƙara ake tsawaita ta. In an kama naku, a ranar ku sanar da arɗo ko sarkin zango ko shugaban kasuwa, a san inda aka kai shi da wanda ya kai shi, domin kwanakin farko su ne masu haɗari. Kada mutum ya dangwala yatsa a takardar da ba a karanta masa da harshen da yake ji ba, yana da haƙƙin neman tafinta da lauya. In an doke shi, ya faɗa wa alƙali tun zaman farko, ya nemi a rubuta. Ku riƙe rasit ɗin kara da takardar allurar dabbobi, ku san dillalin da ya shaida cinikin, domin saniyar da ba ta da takarda ita ake kira ta sata.

Ɗaya ɓangaren kuma yana wuyanmu. In ɓarawo ɗanmu ne, kada mu ɓoye shi, domin ɓoye shi ne ke ba masu kamen jam'u hujja a kan ruga duka. In an kira ku shaida, ku faɗi abin da idonku ya gani, ku bar abin da kuka ji a majalisa. In aka taru a kan baƙo a kasuwa ana ihun ɓarawo, a samu dattijo ɗaya da zai ce a kai shi hukuma.

Wanda yake da ɗan'uwa a tsare ba shari'a, ya aiko mana da saƙo ta hannun wakilinmu na kasuwa, ba sai ya ambaci suna ba, za mu miƙa tambayar ga lauya a shirinmu na gaba. Allah Ya kawo wa Sudan zaman lafiya, Ya tsare ku a hanya, Ya raba mu da sharrin zato.